Tarihin Bruce Lee, Gwanin Faɗan Sinima

Duk wanda ya yi ƙuruciya a Kaduna tsakanin 1975 da 1985 ya san sunan Burusli, watau Bruce Lee. A zamanin nan, in an tashi daga sinima, sai ka ga yaran Tudun Wada da Unguwar Shanu da Kawo suna tsalle suna shurin iska, kowa yana cewa shi ne. Amma kaɗan ne suka san asalinsa, shi ya sa muka ga ya kamata mu ba da tarihinsa.

An haife shi ran 27 ga Nuwamba, 1940, a birnin San Francisco ta Amurka, sa'ad da ubansa, Lee Hoi-chuen, ya je can yawon wasan kwaikwayo. Cikin 1941 aka komo da shi Hong Kong, wadda ke ƙarƙashin mulkin Ingilishi a lokacin. Tun yana ƙarami aka riƙa sa shi cikin wasannin sinima, har ya fito cikin wajen guda 20 kafin ya cika shekara 18. Ya koyi dabarun faɗa irin na Sinawa wurin wani malami mai suna Ip Man. Amma yaron ya faye rigima, kullum yana cikin faɗan titi. Da iyayensa suka ga abin zai kai shi hannun 'yan sanda, sai suka aika da shi Amurka cikin 1959.

A birnin Seattle ya zauna, yana aikin kai abinci a wani gidan cin abinci, yana kuma karatu, har ya shiga Jami'ar Washington cikin 1961. Nan ya buɗe makarantar koyar da faɗa, bai ware kowa ba, Basine da Bature da baƙar fata. Ya auri Linda Emery cikin 1964, suka haifi 'ya'ya 2. Cikin 1966 ya sami shiga wani wasan talabijin mai suna The Green Hornet, amma a matsayin yaron gida. Masu sinima na Amurka ba su yarda a zamanin nan su ɗora Basine a kan gaba ba, kome gwanintarsa.

Wannan bai karya masa zuciya ba. Ko da ya ji ciwo mai tsanani a baya cikin 1970, ya yi watanni yana jiyya, sai ya mai da kwanciyar lokacin karatu da rubutu. Cikin 1971 ya koma Hong Kong, kamfanin Golden Harvest ya ɗauke shi. Cikin shekara 2 ya yi The Big Boss, da Fist of Fury, da The Way of the Dragon wanda shi ya tsara shi da kansa. Sa'an nan Amurkawan da suka ƙi shi a dā suka zo nemansa, aka yi Enter the Dragon cikin 1973.

Amma bai ga fitowarsa ba. Ran 20 ga Yuli, 1973, ya sha maganin ciwon kai ya kwanta, bai tashi ba, saboda kumburin ƙwaƙwalwa. Shekarunsa 32. Aka binne shi a Seattle.

To, malamai, ga abin da muke so ku lura da shi. Yaro yakan ga shuri a sinima, ba ya ganin shekarun da aka yi ana horon jiki safe da yamma. Kowa ya ci zomo ya ci gudu. Faɗan titi bai jawo wa mutumin nan kome ba sai rabuwa da gida, karatu da naciya su suka ɗaukaka shi. In kun sami yaro mai rigima cikin aji, kada ku yi saurin fid da rai gare shi. A nema wa ƙarfinsa hanya, ko a filin wasa ko wurin sana'a, kafin ya nema wa kansa.