Alhaji Isa Kaita, Wazirin Katsina

Yaranmu na yanzu ba su san sunan Alhaji Isa Kaita ba. Amma tsofaffin da suka yi malanta a makarantun Mishan sun san shi sarai, gama shekara tara makarantun Jihar Arewa duka suna hannunsa.

An haife shi a ƙasar Katsina cikin 1912. Ya yi karatu a Kwalejin Katsina, inda Sardauna Ahmadu Bello da Abubakar Tafawa Ɓalewa suka yi nasu. Da ya fita sai ya kama koyarwa a Midil ta Katsina. Lokacin Yaƙin Hitila aka kai shi Ankara ta ƙasar Gana, yana karanta labarun yaƙi da Hausa a rediyo. Ya komo ya yi wa Sarki Usman Nagogo aiki, ya je Ingila koyon sha'anin mulki, cikin 1951 kuwa aka zaɓe shi Majalisar Jihar Arewa a Kaduna, a jam'iyyar NPC. Ya fara riƙe Ministan Ayyuka, sa'an nan cikin 1957 aka ba shi Ilmi.

To, a nan ne hanyarsa ta gamu da ta Ekklesiya. Mulkin kai ya ƙarato, ga Arewa ba ta da isassun malamai da akawuna da likitoci na kanta. Makarantun En'e kaɗan ne. Yara masu ɗimbin yawa suna karatu a hannun Mishan, a wurare irin su Wusasa da Gindiri da Kagoro. Mishan kuwa ba ta iya biyan malamanta sai da taimakon kuɗin Gwamnati. Ashe kowa yana bukatar ɗan'uwansa. Shi Musulmi ne, na hannun daman Sardauna, duk da haka bai rufe ƙofar taimakon nan ba. A ganinmu shekarun da ya yi yana shan ƙurar alli ne suka koya masa darajar aji, ko na wane ne. A zamaninsa aka yi dokar ilmi ta 1962, a shekaran nan kuma aka buɗe Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya, wadda 'ya'yan masu bi da yawa suka shiga.

Ba mu ce babu kuka ba. Samun izinin buɗe makarantar Mishan a ƙasashen sarakuna, irin su Kano da Haɗejiya, abu ne mai wuya ƙwarai, sa'ad da Sardauna ya shiga rangadin musuluntarwa kuma hankalin iyayenmu ya tashi. Isa Kaita yana cikin Gwamnatin da ta yi wannan, ba za mu ɓoye ba.

Cikin Janairu 1966 soja suka kashe Sardauna, Gwamnatin Jihar Arewa ta rushe, aikinsa na Minista ya ƙare. Ya ga ranar da Gwamnatin soja ta karɓe yawancin makarantun Mishan. Ya rasu cikin 1994, yana da shekara 82.