Edward Murrow: Ɗan jaridar da ya tunkari Sanata McCarthy

Edward R. Murrow, wanda ya rasu a shekarar 1965, yana cikin 'yan jaridar farko da suka mayar da akwatin talabijin wata kafa ta bin diddigin masu mulki, a zamanin da akasarin masu gidajen talabijin a Amurka ke kallonsa a matsayin hanyar nishaɗi da tallata haja.

An fi tunawa da shi saboda arangamar da ya yi da Sanata Joseph McCarthy a 1954. Sai dai shirin da ya yi wa sanatan illa bai daɗe ba bayan haka, kuma masu bayar da talla da shugabannin gidan da yake wa aiki ne suka ga bayansa.

Tasowarsa

An haifi Murrow ranar 25 ga watan Afrilun 1908 a wani ƙauye kusa da Greensboro a jihar North Carolina. Iyayensa manoma ne masu ƙaramin ƙarfi. Sunansa na yanka Egbert, daga baya ya sauya shi zuwa Edward. Yana yaro iyalin suka yi ƙaura zuwa jihar Washington, inda ya yi aiki a sansanonin masu saran katako domin neman kuɗin makaranta.

Ya kammala karatu a Kwalejin Jihar Washington a 1930, inda ya karanci fasahar magana a bainar jama'a. Daga nan ya yi aiki da wata cibiyar musayar ɗalibai da malamai a birnin New York, kuma ya taimaka wajen sama wa malaman jami'a da gwamnatin Hitler ta kora daga Jamus guraben aiki a Amurka.

A 1935 ya kama aiki da kamfanin CBS, kuma a 1937 aka tura shi Landan. Aikinsa a lokacin shi ne shirya wa wasu jawabai a rediyo, domin bai taɓa zama wakilin labarai ba.

Shekarun yaƙi

Mamayar da Jamus ta yi wa ƙasar Ostiriya a watan Maris na 1938 ce ta sauya masa alƙibla. Ya yi hayar jirgin sama zuwa Vienna, ya aika rahotonsa na farko kai-tsaye daga can.

Lokacin da jiragen yaƙin Jamus suka riƙa yi wa Landan ruwan bama-bamai a 1940, Murrow ya kan hau rufin gini da makirufo, Amurkawa na jin jiniya da ƙarar bindigogin kakkaɓo jirage a cikin gidajensu. A watan Afrilun 1945 ya shiga sansanin gwale-gwale na Buchenwald jim kaɗan bayan sojojin Amurka sun 'yantar da shi, kuma ya bayyana gawarwaki da fursunonin da yunwa ta ƙarar dalla-dalla, ba tare da sassautawa ba.

Ya koma gida da suna da kwarjinin da babu wani ma'aikacin rediyo da ke da irinsu. Wannan amincewa da jama'a suka yi da shi ita ce jarin da ya shiga talabijin da shi.

A watan Nuwamban 1951, shi da abokin aikinsa Fred Friendly suka ƙaddamar da shirin See It Now, wanda kamfanin alminiyum na Alcoa ya ɗauki nauyinsa.

Zamanin farautar 'yan kwaminisanci

Amurka na cikin zulumin yaƙin cacar baka da Tarayyar Sobiyet a wancan lokaci. A watan Fabrairun 1950, McCarthy, ɗan jam'iyyar Republican daga jihar Wisconsin, ya yi iƙirarin cewa yana riƙe da jerin sunayen 'yan kwaminisanci da ke aiki a ma'aikatar harkokin wajen ƙasar. Bai tabbatar da zargin ba, amma tsoro ya game ko'ina. Malamai da ma'aikatan gwamnati da 'yan fim sun rasa ayyukansu a kan zato kawai.

Murrow ya fara ne da labarin mutum guda. Milo Radulovich laftanar ne a rundunar ko-ta-kwana ta sojojin sama, wanda aka yanke shawarar sallama saboda ana zargin mahaifinsa da 'yar'uwarsa da ra'ayin kwaminisanci. Shi kansa ba a tuhume shi da komai ba, kuma hujjojin na cikin wani ambulan da aka liƙe, wanda ba a bari shi ko lauyansa su gani ba.

Shirin ya fita ranar 20 ga watan Oktoban 1953. Da CBS ta ƙi tallata shi, Murrow da Friendly suka biya dala 1,500 daga aljihunsu aka buga sanarwa a jaridar New York Times. Bayan kimanin wata guda rundunar ta janye hukuncin.

Ranar 9 ga watan Maris na 1954 suka juya kan McCarthy kansa. Ma'aikatan shirin sun shafe watanni suna tattara hotunan jawabansa da na zaman kwamitinsa. Suka jera su, mai kallo na ganin inda maganarsa ta yau ta saɓa wa ta jiya, da yadda yake tsangwamar shaidu, Murrow kuma na kawo abin da takardu suka tabbatar bayan kowane zargi. A ƙarshe ya tunatar da Amurkawa cewa saɓanin ra'ayi daban yake da cin amanar ƙasa, kuma zargi bai zama hujja ba.

Ya kuma ba sanatan damar mayar da martani. McCarthy ya bayyana a shirin ranar 6 ga watan Afrilu, amma maimakon ya amsa batutuwan, sai ya zargi Murrow da alaƙa da 'yan kwaminisanci. Akasarin saƙonnin da suka kwarara zuwa CBS sun goyi bayan ɗan jaridar.

Ba Murrow kaɗai ya kayar da McCarthy ba. Marubuta irin su Drew Pearson sun riga shi sukar sanatan, kuma zaman bahasin da aka yi tsakanin McCarthy da rundunar sojin ƙasa, wanda aka nuna a talabijin daga Afrilu zuwa Yuni, ya ƙara zubar masa da mutunci. A ranar 2 ga watan Disamban 1954 Majalisar Dattawa ta yi Allah wadai da shi da ƙuri'a 67, yayin da 22 suka ƙi.

Abin da nasarar ta jawo

A 1955 Alcoa ya janye tallafinsa. A shekarar ce kuma shirye-shiryen kacici-kacici masu rabon kuɗi suka fara jan miliyoyin masu kallo, lamarin da ya sa lokacin da See It Now ke fita da daddare ya yi tsada. Aka cire shi daga jerin shirye-shiryen mako-mako, ya koma fita jefi-jefi, sannan aka dakatar da shi a 1958, bayan saɓani tsakanin Murrow da shugaban CBS, William Paley, wanda ya gaji da ƙorafe-ƙorafen da shirin ke jawowa.

A watan Oktoban wannan shekara Murrow ya yi jawabi ga daraktocin labarai a birnin Chicago, inda ya zargi masana'antar talabijin da kawar da hankalin jama'a daga matsalolin da ke gabansu saboda neman riba. Jawabin ya ƙara ɓata tsakaninsa da Paley.

Babban aikinsa na ƙarshe shi ne Harvest of Shame, wato girbin abin kunya, da aka nuna ranar 25 ga watan Nuwamban 1960. Ya bi sawun 'yan ci-rani masu aikin gona daga jihar Florida zuwa arewa, ya nuna ƙarancin ladansu, da bukkokin da suke kwana, da yaransu da ba sa samun karatu. An saka shi ne washegarin bikin godiya na shekara-shekara, lokacin da iyalai suka gama cika ciki da abincin da waɗannan leburori suka girbe.

Daga jarida zuwa gwamnati

A 1961 Shugaba John Kennedy ya naɗa shi shugaban hukumar watsa labarai ta Amurka, wadda Muryar Amurka ke ƙarƙashinta a lokacin. A wannan muƙami ne ya nemi BBC da kada ta nuna Harvest of Shame, don gudun ɓata sunan ƙasarsa a waje. BBC ta ƙi, maganar ta fito fili, kuma Murrow ya amince cewa ya yi kuskure. Masu sukarsa na kafa hujja da wannan wajen nuna yadda kujerar gwamnati ke sauya mutum.

Murrow mashayin taba ne ƙwarai, kusan kwali uku a rana, ko da yake shirinsa ya yi bincike kan alaƙar sigari da cutar dajin huhu tun a 1955. An cire masa huhu ɗaya a 1963, ya ajiye aiki a farkon 1964. Ya rasu a gonarsa da ke Pawling a jihar New York ranar 27 ga watan Afrilun 1965, kwana biyu bayan ya cika shekara 57.

A 2005 George Clooney ya shirya fim a kan takaddamarsa da McCarthy. Kwalejin koyar da aikin jarida ta Jami'ar Jihar Washington na ɗauke da sunansa, haka ma lambar yabon da ƙungiyar daraktocin labaran da ya yi wa jawabi a Chicago ke bai wa 'yan jarida duk shekara.