Jiri Trnka, Mai 'Yan Tsanan Cekoslobakiya

An haifi Jiri Trnka a garin Pilzen ran 24 ga Fabrairu, 1912. Tun yana yaro ya faɗa hannun Josef Skupa, gwanin wasan 'yan tsana, wanda ya koyar da shi zane da sassaƙa. Daga nan ya zarce makarantar fasaha ta birnin Firag. Gidan wasan 'yan tsanan da ya buɗe a 1936 bai yi ƙarko ba, sai ya koma zana hotunan littattafan yara.

Da aka ƙare Yaƙin Duniya na Biyu a 1945 ya shiga harkar sinima. Dabararsa mai cin rai ce: a ɗauki hoton 'yar tsana, a ɗan gusa hannunta, a sake ɗauka, har motsi ya samu. Bai cika sauya fuskokinsu ba. Da haske da inuwa yake sa su murna ko baƙin ciki. Gwamnatin kwaminisanci ce ke riƙe da masana'antar, ita ke ba da kuɗi, ita ce kuma ta naɗa shi Mai Fasahar Ƙasa a 1963.

Amma tuni ayyukansa suka fara ɗaci. A fim ɗinsa na 1962, an raba wata yarinya da kakarta, aka danƙa ta ga kakar inji mai daɗin baki da rashin tausayi. Na ƙarshe, wato Ruka, ma'ana Hannu, ya fito a 1965, bai kai minti 20 ba. Wani magini ne ke gina tukunya don furensa, sai ga ƙaton hannu cikin safa yana neman a sassaƙa siffarsa. Ya lallashe shi da tarho da talabijin, ya ƙi. Sai ya ɗaure shi da zare, ya jefa shi keji, ya sa shi aikin dole, sa'an nan ya liƙa masa lambobin yabo. Maginin ya gudu gida, tukunyar ta faɗo masa a ka ya mutu, hannun kuma ya yi masa jana'izar girma. Da wuya a kalli wannan ba a ga Trnka kansa cikin kejin ba.

Ciwon zuciya ya yi ajalinsa ran 30 ga Disamba, 1969, yana da shekara 57. Hukuma ta karrama gawarsa, ba da jimawa ba ta hana nuna Ruka, hanin da ya kai kimanin shekara 20.