Jean Rouch: Injiniyan da ya bar aikin hanya ya ɗauki kyamara

Duk mai bin shirye-shiryen talabijin da ake tattauna tsofaffin finafinan Faransa zai sha jin Godard da Truffaut har ya gaji. Jean Rouch kuwa ba a cika tsayawa kansa ba, alhali a Nijar ya koyi sana'ar, a ƙasar Hausa kuma ajali ya cim masa.

An haife shi a Paris a 1917. Injiniya ne, ɗan gidanmu ke nan. A 1941 aka turo shi Yamai kula da aikin hanyoyi, zamanin da leburori ke aikin tilas. A 1942 aradu ta kashe masa ma'aikata goma. Abokinsa Damouré Zika ya haɗa shi da kakarsa, gwanar borin Songhai, ta yi abin da al'ada ta tanada. Abin da Rouch ya gani ran nan shi ya raba shi da siminti.

A 1946 ya bi kogin Neja cikin kwalekwale, ƙafafun kyamararsa suka salwanta a hanya, dole ya riƙe ta a hannu. Wannan larura ita ta zama salo. Fim ɗinsa Moi, un noir na 1958, wanda Oumarou Ganda ya fito a matsayin ɗan ci-rani a Abidjan, ya burge Godard ƙwarai, matasan Faransa suka ɗauki salon. Ganda kuwa daga baya ya zama darakta, ya ci babbar kyautar FESPACO a 1972.

Amma fa akwai magana. Les Maîtres fous, da ya ɗauka a Ankara ta Gana, ya nuna 'yan Hauka (kalmar tamu ce) suna kwaikwayon gwamna da hafsoshin Turawa, kumfa na zuba a baki. Turawan Ingila suka hana nuna shi, ɗaliban Afirka a Paris suka ce tozarci ne. Sembène ma ya zarge shi da kallon mutanenmu kamar ƙwari. A ganina ɗaliban nan suna da gaskiyarsu, domin wanda ke zaune a ƙasar wani ya san yadda hoto ɗaya ke zame masa tambari. Mu nan Kuala Lumpur ba sai an faɗa mana ba.

Ya yi finafinai fiye da 100. Ran 18 ga Fabrairun 2004 hatsarin mota ya rutsa da shi kusa da Birnin Ƙonni, yana da shekara 86. A Yamai aka binne shi.