Adamu Halilu: Gwanin Majigin Da Muka Yi Sakaci Da Gadonsa

Duk lokacin da na tambayi ɗalibaina a jami'a yaushe aka fara shirya fim da harshen Hausa, amsarsu ɗaya ce: 1990, shekarar da Turmin Danya ya fito a Kano. Nakan yi murmushi in tambaye su inda suka baro marigayi Alhaji Adamu Halilu.

An haifi wannan bawan Allah a 1936, ya koyo sana'ar shirya fim a Landan, sannan ya yi aiki a sashen fina-finai na gwamnati, inda ake tsara majigin wayar da kan talakawa game da lafiya da noma. Irinsu ne motar majigi kan kai ƙauyuka, kuma dattawanmu a Yasore, cikin ƙasar Batsari, ba su manta da yadda akan cika dandali bayan sallar isha'i ba.

Babban aikinsa shi ne Shaihu Umar na 1976, wanda ya samo daga littafin Sa Abubakar Tafawa Ɓalewa na 1934, inda Umaru Ladan ya fito a matsayin Shaihun. Labari ne na yaron da aka sace, aka ƙetara Sahara da shi a zamanin cinikin bayi, mahaifiyarsa ta bi sawunsa har ita ma ta faɗa cikin bauta. A da mukan ɗauki wannan a matsayin tarihin da ya shuɗe. Amma duk wanda ya san abin da masu garkuwa da mutane suka yi wa Batsari da Safana, ya san matan da suka yi irin kukan wannan uwa.

A matsayina na mai nazarin harshe, abin da ya fi burge ni shi ne Hausar fim ɗin: gaisuwar fada, ladabin almajiri gaban malaminsa, da zance mai nauyi wanda bai gauraya da Ingilishi ba. Taska ce ga mai son jin yadda magabata ke sarrafa harshe.

Sai dai kash! Bayan rasuwarsa a 2001, an ɗauka fim ɗin ya salwanta. Sai a 2016 aka gano faifansa a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018. Wato Jamusawa sun zauna sun kalli abin da 'ya'yanmu ba su ma san da shi ba.

Kirana ga jami'o'inmu shi ne, su nemi wannan fim, su sanya shi cikin manhajar nazarin Hausa. Ga masu shirya fim na Kano kuwa, su sani cewa sana'ar tasu tana da kaka.

Allah Ya jiƙan Alhaji Adamu Halilu, Ya sa Aljanna ce makomarsa, amin.