Taƙaitaccen Tarihin Musa bin Maimun: Malami, Likita, Jagoran Jama'a

Gabatarwa

A darasinmu na Ajami na fara jin sunan wannan mutum. Muna tattauna yadda Hausawa suka ari haruffan Larabci suka rubuta harshensu da su, sai aka kawo misalin Yahudawan ƙasashen Larabawa na zamanin da, waɗanda ke magana da Larabci amma su rubuta shi da haruffan Ibrananci. Aka ce mafi shaharar masu irin wannan rubutu shi ne Musa bin Maimun, wanda Turawa ke kira Maimonides. Da na bi tarihinsa, sai na tarar abin da ya fi kama ni shi ne yadda ya ci abinci. Rabbi ne, wato malamin addinin Yahudawa mai koyarwa da ba da fatawa, amma har ya koma ga Mahaliccinsa bai yarda jama'arsa su biya shi ladan malanta ba. Mu da ake yawan tambayarmu abin da za mu ci da digirin Hausa, na ga ya dace mu san labarinsa.

Haihuwarsa da Ƙuruciyarsa

An haifi Musa a birnin Kurɗuba na ƙasar Andalus, kudancin Sifen ta yau, wajen shekarar 1138 Miladiyya. Mahaifinsa, Maimun, alƙali ne a kotun Yahudawan birnin, kuma a gabansa yaron ya fara karatun Attaura da dokokin addini. A wancan zamani Kurɗuba gari ne na malamai da littattafai. A nan aka haifi Ibn Rushd a 1126.

Musa bai wuce shekara goma ba lokacin da daular Muwahhiduna daga Maroko ta ci birnin a 1148. Sababbin masu mulkin suka janye amanar da Yahudawa da Kiristoci ke zaune a ƙarƙashinta, zama ya gagara, gidan Maimun ya yi ƙaura. Sun yi shekaru suna yawo a Andalus, sannan wajen 1160 suka sauka a Fas. A cikin wannan hali na rashin tabbas Musa ya karanci lissafi, ilimin taurari, falsafa da likitanci daga littattafan Larabci, ya kuma fara rubuta babban sharhinsa na farko.

A 1165 suka hau jirgin ruwa zuwa Akka, suka ziyarci Ƙudus da Halil, daga nan suka wuce Masar. Musa ya zauna a Fusɗaɗ, tsohon garin da ke daf da Alƙahira, inda ya ƙare sauran rayuwarsa.

Ra'ayinsa Kan Ladan Malanta

A 1168 ya kammala sharhin Mishna, littafin da ya tattara dokokin Yahudawa na baka tun wajen shekara ta 200. Da Larabci ya yi sharhin, ya sa masa suna Kitab al-Siraj. A cikinsa ya soki malaman da ke ɗora wa jama'a haraji domin a ciyar da su da makarantunsu. Hujjarsa ita ce manyan malaman farko sun yi faskare, sun yi ɗiban ruwa, ba su mai da Attaura abin cin abinci ba. A ganinsa, malamin da ke jiran hannun mutane zai sa su ɗauki ilimi kamar kowace haja ta kasuwa, daga nan kuma raini ya shigo. Ya san sarai yawancin malaman zamaninsa ba za su ji daɗin maganar ba, amma ya rubuta ta. Ni dai da na karanta wannan, karin maganar da ta zo mini ita ce kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Alƙalin da attajiran gari ke ciyarwa, yaya zai yi ranar da ɗayansu ya tsaya a gabansa?

Sai dai akwai wani hanzari. A lokacin da yake wannan magana, Musa yana da mai ɗauke masa nauyin gida. Ƙanensa Dauda fatake ne mai cinikin duwatsu masu daraja. Shi ke fita da jarin gidan ya juya, yayan kuma ya zauna da littattafai. Har yau akwai wata wasiƙa da Dauda ya aiko daga Aizab, tashar jiragen ruwa a gaɓar Bahar Maliya, yana shaida wa yayansa cewa zai wuce Indiya. Mai suka zai iya cewa wanda wani ke cika wa tukunya ba ya shan wahalar wa'azin dogaro da kai. Amsar wannan suka tana cikin abin da ya biyo baya.

Wajen 1177 jirgin da Dauda ke ciki ya nutse a tekun Indiya. Ya tafi da dukiyarsa, da ta Musa, da ta wasu mutane, ya bar mata da ƙaramar 'ya. Musa ya kwanta jinya kusan shekara guda saboda baƙin ciki, kuma bayan shekara takwas ya rubuta wa wani abokinsa cewa har lokacin bai daina makoki ba. A sannan sunansa ya riga ya kai ƙasashe. Da ya buɗe baki, da jama'a sun yanka masa albashi. Bai buɗe ba. Ya juya ga likitancin da ya koya tun a Magrib, ya riƙe shi sana'a.

Aikin Likita

Ya samu shiga wajen Alƙali al-Fadil, wazirin Sarki Salahuddin al-Ayyubi, wanda ya sa shi cikin likitocin fada. Daga baya ya yi wa al-Afdal, ɗan Salahuddin, aiki. Ya rubuta littattafan likitanci kimanin goma, duka da Larabci. Akwai na ciwon fuka, na basur, na dafi da makarinsa, da na kiyaye lafiya, inda ya nanata rage ci, motsa jiki da kwanciyar rai. Wanda zai fi jan hankalinmu mu ɗaliban harshe shi ne Sharh Asma' al-Uƙƙar, ƙamus na sunayen magunguna mai babi 405. A ciki yakan kawo sunan magani da Larabci, ya bi shi da yadda ake kiransa da Girkanci, Farisanci, Siriyanci, harshen Barbar ko harshen mutanen Andalus, domin ya san kuskuren suna a wajen mai magani yana iya zama ajalin wani.

A 1199 ya rubuta wa mai fassara littafinsa wasiƙa yana ba shi haƙuri kada ya wahalar da kansa zuwa Masar, don ba za su samu lokacin zama ba. Ya zayyana masa yadda yininsa yake. Da sassafe yakan hau dabbarsa zuwa fada a Alƙahira, ya duba sarki da iyalinsa da fadawa. Ba ya dawowa sai bayan rana ta take. Yana isowa zai tarar zaure cike, Yahudawa da waɗanda ba Yahudawa ba, manya da talakawa, masoya da maƙiya. Sai ya wanke hannu, ya roƙe su su jira ya ɗan ci abinci, wanda shi kaɗai ne cinsa na yini. Daga nan ya yi ta duba marasa lafiya har dare, wani lokaci a kwance yake ba da magani saboda gajiya. Ranar Asabar, ranar hutun Yahudawa, ita ce ta jama'arsa. Bayan ibada sukan taru wurinsa, ya tsara musu al'amuran mako, su yi karatu tare.

Hidimar Jama'a

Tun bai daɗe a Masar ba aka ga irin hidimarsa. A 1168 mayaƙan Salibiyya ƙarƙashin Sarki Amalrik na Ƙudus suka auka wa garin Bilbis, suka kama mutane. Musa ya aika wasiƙu zuwa ga Yahudawan garuruwan Masar, aka tara kuɗin fansar nasu. An samu takardar shaidar karɓar irin wannan gudummawa da rubutun hannunsa a cikin tsofaffin takardun majami'ar Ben Ezra ta Fusɗaɗ, waɗanda Solomon Schechter ya kwashi mafi yawansu zuwa Jami'ar Kambirij a 1897.

Wajen 1171, shekarar da Salahuddin ya kawo ƙarshen daular Faɗimiyya, aka naɗa Musa Ra'is al-Yahud, wato shugaban Yahudawan Masar. Bai daɗe a kujerar ba a karon farko, amma da sarauta ko babu, ƙofarsa ce ake bugawa. Ɗaruruwan fatawowinsa sun kawo zamaninmu, kan aure, gado, bashi, haya da rikicin majami'a. Wajen 1172 ya rubuta wa Yahudawan Yaman doguwar wasiƙa lokacin da suke cikin matsi, ga kuma wani da ya fito yana da'awar shi ne Almasihun da suke jira. Ya lallashe su, ya gargaɗe su kada su bi shi. Da Larabci ya rubuta, domin kowa ya ji.

Hatta a batun sadaka ra'ayinsa bai sauya ba. Ya kasa ta hawa takwas. Na ƙasa shi ne wanda ya bayar yana ɓata rai. Kusa da ƙololuwa akwai bayarwar da mai bayarwa da mai karɓa ba su san juna ba. Na sama duka shi ne a ba mutum rance, ko a yi tarayya da shi a ciniki, ko a sama masa aiki, har ya daina buƙatar roƙo. Guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni.

Manyan Littattafansa

Wajen 1180 ya kammala Mishne Tora bayan aikin shekara goma. Littafi ne mai kashi 14 da ya jera dukkan dokokin addinin Yahudawa babi babi, cikin Ibrananci mai sauƙi, domin wanda ba zai iya ratsa Talmud ba, wato babban kundin muhawarar malamansu, ya san hukunci. Wajen 1190 kuma ya gama Dalalat al-Ha'irin, jagoran waɗanda suka ruɗe, wanda ya rubuta wa ɗalibinsa Yusuf bin Yahuda. Littafin na mutumin da ya karanci falsafar Aristo ne, ya kuma riƙe addini, ya rasa yadda zai daidaita su. Babban sashensa nazarin kalmomi ne: ya bi kalmomin Attaura irin su hannu, fuska, zama da sauka, yana nuna ba a fahimtarsu a zahirinsu idan ana magana kan Ubangiji.

Samuel ibn Tibbon, wanda aka rubuta wa wasiƙar 1199, shi ya mai da littafin Ibrananci a kudancin Faransa, ya gama a 1204. A wasiƙar Musa ya shawarce shi kada ya bi kalma da kalma, ya fara fahimtar ma'ana tukuna, sannan ya faɗe ta yadda harshen da ake fassarawa zuwa gare shi ya saba, ko da zai ƙara kalma, ya rage, ko ya sauya jeri. Ni da na koyi Hausa a matsayin harshe na biyu, nakan tuna wannan duk lokacin da aka dawo mini da aikin fassara da jan biro.

Bai tsira daga suka ba. Malamai irin su Abraham ben David na Faransa sun zarge shi da kawo hukunci a Mishne Tora ba tare da faɗin inda ya samo shi ba, laifin da a sashenmu ma ba a yafewa. Wasu kuma sun ga falsafarsa haɗari ce ga imani, har aka ƙona littattafansa a Monfeliye wajen 1232. Duk da haka malaman Kirista irin su Thomas Aquinas sun kafa hujja da shi, Ibn Abi Usaibi'a kuma ya sa shi cikin littafinsa na tarihin likitoci.

Rasuwarsa

Ya rasu a Fusɗaɗ a watan Disamba na 1204. Kabarin da ake ziyarta da sunansa yana garin Ɗabariyya. Ɗansa Ibrahim, wanda aka haifa a 1186, ya gaje shi a shugabancin jama'a da kuma likitanci.

Kammalawa

Ra'ayinsa kan albashi bai yi rinjaye ba. Shimon ben Zemah Duran, shi ma rabbi kuma likita, ya gudu daga tsibirin Mayorka a 1391 ya bar dukiyarsa, ya sauka Aljaza'ir, inda ya karɓi albashin malanta ya kuma rubuta hujjojin halaccinsa. A yau yawancin masu riƙe da majami'u ana biyansu, wasu kuma suna aiki a asibitoci, barikokin soja, gidajen yari, jami'o'i da ƙungiyoyin agaji. Hujjar Duran ba ta wasa ba ce, domin shi kansa Musa ya koka cewa aikin fada ya cinye masa lokacin karatu da ƙarfin jiki.

Saboda haka ba ina cewa malami ya ƙi albashi ba. Da yawanmu aikin koyarwa za mu yi, kuma haƙƙinmu ne a biya mu. Abin da na ɗauka shi ne mutumin nan ya faɗi magana lokacin da take da arha, ya kuma tsaya a kanta lokacin da ta yi tsada. Ya riƙe sana'ar da ta sa ba ya tsoron fuskar kowa in zai yanke hukunci, kuma duk harshen da ya iya, ya sa shi aiki: Larabci ga talakawan Yaman da marasa lafiyar fada, Ibrananci ga ɗaliban nesa. 'Yan uwana ɗalibai, kafin mu bar wannan sashe, kowannenmu ya tambayi kansa wace sana'a zai haɗa da Hausarsa, kuma wa za ta amfana ban da shi.