Tarihin Ada Lovelace, Macen Da Ta Hango Aikin Kwamfuta Tun Ba A Ƙera Ta Ba

Duk akawun da ya zauna gaban kwamfuta yana shirya takardar albashi ko lissafin haraji, ya kamata ya san sunan wata Baturiyar Ingila wadda ta rasu shekara 90 da 'yan kai kafin a ƙera irin wannan na'ura mai aiki da lantarki. Sunanta Ada Lovelace. Ga kaɗan daga labarinta.

An haife ta a birnin Landan ran 10 ga Disamba, 1815. Ubanta shi ne Lord Byron, mashahurin mai rubuta waƙoƙin nan na Ingila, mutum mai fasaha amma marar natsuwa. Ba ta cika wata biyu a duniya ba uwarta ta ɗauke ta, ta bar gidan mijin. Shi kuwa ya bar ƙasar a 1816, bai sake komowa ba har ya mutu a ƙasar Girka a 1824. Uwar ta ji tsoron kada 'yar ta ɗauko halin uban, saboda haka ta ɗora ta a kan ilmin lissafi tun tana ƙanƙanuwa, ta nemo mata malamai suna koya mata a gida, domin a zamanin nan jami'o'in Ingila ba su karɓar mata. A 1829 ƙyanda ta kama ta, ta kwantar da ita kusan shekara guda, har sai da ta riƙa dogara sanduna. Duk da haka ba ta bar karatu ba.

A 1833, tana da shekara 17, ta sadu da Charles Babbage, shehun malamin lissafi na Jami'ar Cambridge. A lokacin, da hannu ake tsara jadawalan lissafi waɗanda matuƙan jiragen ruwa ke dogara da su, kurakurai kuwa sun yi yawa a ciki. Babbage ya ƙudura niyyar ƙera injin da zai yi wannan aiki ba kuskure. Ya nuna mata ɗan sashen da aka gama, abin ya shiga ranta. Daga baya ya tsara wani injin da ya fi na farko nisa. Yana da sashen ajiye lambobi kamar rumbu, da sashen sarrafa su kamar injin niƙa, ana kuwa ba shi umarni da katuna masu huji, irin na masaƙar Jacquard ta Faransa.

Ada ta yi aure a 1835, ta haifi 'ya'ya 3. A 1838 aka ba mijinta sarautar Lovelace, daga nan ta sami sunan da aka san ta da shi. Hidimar gida ba ta raba ta da lissafi ba, ta ci gaba da ɗaukar darasi ta wasiƙa wurin Augustus De Morgan.

To, a 1840 Babbage ya yi bayanin sabon injinsa a birnin Turin na Italiya, wani injiniya mai suna Luigi Menabrea ya rubuta bayanin da Faransanci, aka buga a 1842. Ada ta juya shi da Turanci, ta ƙara da nata sharhi kashi 7, wanda ya kusa ninka asalin takardar sau uku. Aka buga a 1843, ba da cikakken sunanta ba, sai haruffan A.A.L. kawai.

A kashi na ƙarshe ta jera matakan da injin zai bi ɗaya bayan ɗaya, da inda zai koma ya maimaita, har ya fitar da lambobin da ake kira na Bernoulli. Saboda wannan ne mutane da yawa ke ce mata ta farko cikin masu rubuta wa kwamfuta umarni. Amma masana tarihi sun saɓa a kan haka, gama Babbage ya riga ya rubuta wasu misalai da bai buga ba, ya kuma taimaka mata. Abin da galibinsu suka yarda nata ne shi ne hangen nesa. Ta gane cewa lamba tana iya tsayawa a madadin wani abu dabam, kamar sautin kiɗa, saboda haka injin ba zai tsaya ga ƙidaya kaɗai ba. Ta kuma ja kunnen masu karatu cewa injin ba ya ƙago kome da kansa, sai abin da mutum ya san yadda zai umarce shi. Wannan magana ce Alan Turing ya ɗauko ya yi gardama a kanta a 1950.

Ƙarshen rayuwarta bai yi daɗi ba. Ta shiga cacar sukuwar dawaki, bashi ya hau kanta, har ta jinginar da kayan adonta. Ciwon daji na mahaifa ya kama ta, ta rasu ran 27 ga Nuwamba, 1852, tana da shekara 36. Aka binne ta a Hucknall, kusa da uban da ba ta taɓa sani ba. Babbage ma ya mutu a 1871 ba a ƙera injin ba.

Sharhin nata ya yi shekara 110 kusan an manta da shi, sai a 1953 aka sake buga shi. A 1980 Ma'aikatar Tsaron Amurka ta fitar da wani harshen kwamfuta mai ɗauke da sunan Ada.

Malamai, abin lura a nan shi ne, Ada ba ta taɓa shiga ajin jami'a ba, amma ta sami waɗanda suka ɗauki tambayoyinta da muhimmanci, suka amsa mata. In kun ga yarinya mai kaifin kai ga lissafi a ajinku, kada ku bar ta a bencin baya.